Tambayoyi da amsoshi kan M31, M42, NGC da sauran lambobin sama, don masu kallon taurari a Bauchi da Gombe

Waɗannan su ne tambayoyin da ake yawan maimaitawa tsakanin ɗalibai, malaman kimiyya da sauran masu sha'awar kallon sama a Bauchi da Gombe, musamman waɗanda suka sauke manhajar taurari a waya sai suka tarar sama cike take da lambobi. Mun fara da ma'anar lambobin, sannan tarihinsu, sannan yadda mutum zai fita da daddare ya gani da idonsa. Inda wata amsa ta dogara da wata, mun nuna lambarta.

1. Mece ce ma'anar M31, M42 ko NGC 5139 da nake gani a manhaja?

Lambobin rajista ne na abubuwan da ke can nesa da rana da duniyoyinta, waɗanda ba tauraro ɗaya tilo ba ne: gungun taurari, nebula da galaksi. M harafin farko ne na sunan Charles Messier, Bafaranshen da kundinsa ke da abubuwa 110 a lissafin yau. NGC babban kundi ne da John Dreyer ya wallafa a 1888 mai abubuwa 7,840, IC kuwa ƙarin da ya yi masa ne daga baya. Idan ka ga C, kundin Caldwell ke nan na 1995, inda Patrick Moore ya zaɓo abubuwa 109 da ba sa cikin na Messier.

Abu guda yakan ɗauki lamba fiye da ɗaya. M31 ita ce NGC 224, M42 ita ce NGC 1976, NGC 5139 kuma ita ce C80. Lamba ba ta nuna haske ko nisa. Na M sun bi lokacin da aka shigar da kowanne kundi, na NGC sun bi jerin matsayinsu a sama daga yamma zuwa gabas. Shi ya sa M1 dusu-dusu take, sai da madubin hangen nesa, alhali M45 ko yaro yana nuna ta da yatsa.

2. Mene ne bambancin gungun taurari, nebula da galaksi?

Gungun taurari iri biyu ne. Buɗaɗɗen gungu taurari ne ɗari zuwa dubu kaɗan da aka haifa tare a gajimare ɗaya, kuma sukan watse a hankali. Misalinsa M45, wato Kaza da 'Ya'yanta, mai shekara kusan miliyan 100. Dunƙulallen gungu kuwa taurari ne dubu ɗaruruwa ko miliyoyi da suka cure wuri guda, tsofaffi ne ƙwarai, shekarunsu sun haura biliyan 10. An san sama da 150 irinsu a kewayen galaksinmu, 29 daga ciki suna kundin Messier.

Nebula gajimare ce ta iskar gas da ƙura. Wata wurin haihuwar taurari ce, irin M42 da M8. Wata ɓawon gas ne da tauraro mai girman rana ya zubar a ƙarshen rayuwarsa, irin M27 da M57. Wata kuma ragowar tauraron da ya fashe ce, irin M1 da ke tambaya ta 14.

Galaksi ya fi su duka girma nesa ba kusa ba, domin tarin taurari biliyoyi ne tare da nasa gungun da nasa nebula. Farin zanen nan da ke ratsa sama a dare mai duhu, wanda Larabawa ke kira Majarra, manhajoji kuma ke rubuta Milky Way, galaksinmu ne muke hangowa daga cikinsa. Faɗinsa ya kai shekarar haske 100,000 (duba tambaya ta 3). Gungu da nebula da ke kundin Messier kusan duk na gida ne, galaksi 40 da ke cikinsa kuwa na waje ne.

3. Me ake nufi da shekarar haske?

Ma'aunin nisa ne. Haske yana tafiyar kilomita kusan 300,000 a daƙiƙa guda, a shekara kuma kilomita tiriliyan 9.46. M45 tana nisan shekarar haske kusan 444, M42 kusan 1,350, M31 kuwa miliyan 2.5. Hasken M31 da zai shiga idonka yau ya baro can ne shekara miliyan biyu da rabi da suka wuce.

4. Wane ne Messier, kuma me ya sa ya yi kundin?

An haife shi a 1730 a Badonviller ta ƙasar Faransa, ya rasu a Paris a 1817. Aikinsa farautar taurari masu wutsiya, kuma ya gano 13. Matsalar mai wannan sana'a ita ce, tauraro mai wutsiya idan yana nesa da rana ba shi da wutsiya, ɗan tabon hazo ne kawai a cikin madubi. Hanyar tantance shi guda ce: a koma washegari a ga ko ya gusa. A watan Agustan 1758, yana bin sawun wani tauraro mai wutsiya a burujin Sa, sai ya ci karo da wani tabo da ya ƙi motsi. Shi ne ya zama M1. Daga nan ya fara rubuta irin waɗannan tabo domin kada su riƙa ɓata wa masu farauta lokaci.

Kundin farko mai abubuwa 45 ya fito a 1774, na ƙarshe da ya fitar da kansa a 1781 yana da 103. M104 zuwa M110 masana na ƙarni na 20 ne suka ƙara su, bayan sun gano a rubuce-rubucensa da wasiƙun abokin aikinsa Pierre Méchain cewa sun gan su. Abin da ya sa kundin ya dace da mai koyo shi ne madubinsa ƙanana ne, kuma daga tsakiyar birni yake kallo, a benen Cluny. Duk abin da ya iya gani, madubin zamani mai faɗin milimita 100 zai nuna shi a sama mai duhu.

5. Shi ya fara ganin dukkan 110 ɗin?

A'a. Na farko da ya gano da kansa shi ne M3, a 1764. M1 John Bevis ya riga shi gani a 1731. M42 Nicolas-Claude Fabri de Peiresc ya gan ta a 1610. M22 Abraham Ihle ya gano ta a 1665, M13 kuma Edmond Halley a 1714. M81 da M82 na Johann Bode ne a 1774, M83 ta Nicolas-Louis de Lacaille ce a 1752 daga Afirka ta Kudu. Méchain ya kawo da dama, ciki har da M74, M101 da M104. Waɗansu kuma tun kafin a ƙera madubi aka san su, kamar yadda tambaya ta 6 ta nuna.

6. Kafin a ƙera madubin hangen nesa, me aka sani? Malamanmu suna da hannu?

Batlamus na Iskandariya, wanda Turawa ke kira Ptolemy, ya ambaci M7 da M44 a ƙarni na 2. Amma bayani mafi tsufa da ake da shi a rubuce na wani galaksi na waje ya fito ne daga Abdurrahman al-Sufi, wanda aka haifa a Rayy ta ƙasar Farisa a 903. A littafinsa na surorin taurari, Suwar al-Kawakib, wajen shekarar 964, ya bayyana M31 a matsayin ɗan ƙaramin gajimare. Sai a 1612 Bajamushe Simon Marius ya duba ta da madubi. Al-Sufi ya kuma rubuta wani ɗan tarin taurari da har yau ake kira da sunansa, wanda manhajoji ke nunawa da Collinder 399.

Wanda ya san lissafin taurari 28 da malaman hisabi da manoma ke amfani da shi ya riga ya san wani ɓangare na kundin Messier. Suraiya ita ce M45. Nasara, wadda ake lissafawa cikin taurarin damina, M44 ce da taurarin da ke gefenta. Shaula ita ce ƙarin burujin Kunama, kuma M6 da M7 suna dab da ita. A lura da wani abu da ke rikita mutane: lokacin da ake cewa Nasara ta kama a tsakiyar damina, a sannan rana tana kusa da ita, don haka ba a ganinta da daddare. Mai son ganin M44 sai ya jira watan Janairu zuwa Afrilu. Galileo ne ya fara juya madubi gare su, a littafinsa na 1610 ya zana taurari 36 a Suraiya, ya ƙirga kimanin 40 a Nasara.

7. Daga ina dubban lambobin NGC suka fito?

Yawancinsu aikin gida ɗaya ne. William Herschel, Bajamushen da ya zauna a Ingila ya kuma gano duniyar Uranus a 1781, ya fara share sama layi-layi a 1783 da madubi mai faɗin kusan santimita 47 wanda ya ƙera da hannunsa. Yakan tsayar da madubin wuri guda ya bar sama tana wucewa ta gabansa, yana faɗin abin da ya gani da ƙarfi, ƙanwarsa Caroline tana zaune da agogo da fitila tana rubutawa, domin kada haske ya taɓa idonsa. Da haka suka fitar da abubuwa 1,000 a 1786, wasu 1,000 a 1789, da 500 a 1802. Caroline ita ma ta gano nata, ciki har da galaksin NGC 253 a 1783.

Ɗansa John Herschel ya kai madubi Afirka ta Kudu daga 1834 zuwa 1838, ya rubuta kimanin 1,700 na saman kudu, sannan a 1864 ya haɗa komai a kundi mai 5,079. Dreyer, ɗan ƙasar Denmak da ke aiki a Armagh ta Ailan, shi ya gyara wannan ya faɗaɗa shi ya zama NGC. Ƙarin IC ya zo kashi biyu, a 1895 da 1908, jimilla 5,386, kuma da yawa cikin na kashi na biyu a hoto aka gano su, sun yi wa ƙaramin madubi rauni.

8. Yaushe aka gane cewa waɗansu gas ne, waɗansu kuma galaksi ne na daban?

An daɗe ana jayayya, domin a cikin madubi duk hazo ne. A 1845 William Parsons, mai sarautar Rosse, ya kammala madubi mai faɗin mita 1.8 a Birr ta Ailan, ya ga M51 tana da hannaye a murɗe. Tun da babban madubi yana warware hazo da yawa su koma taurari, sai aka zaci duk nebula haka take. William Huggins ya rushe wannan zato a watan Agustan 1864, lokacin da ya ratsa hasken NGC 6543 ta na'urar rarraba haske. Maimakon bakan gizo cikakke irin na taurari, sai ya ga 'yan layuka masu haske, alamar gas mai zafi. Da ya gwada M31 kuwa, haskenta irin na taurari ne.

Saura tambayar nisa. Henrietta Leavitt ta nuna a 1912 cewa akwai wani nau'in tauraro mai ƙaruwa da raguwa, wanda tsawon zagayensa ke bayyana ainihin ƙarfin haskensa. Idan ka san ainihin ƙarfin fitila, ka kuma auna yadda ta dusashe a idonka, ka san nisanta. A 26 ga Afrilun 1920 Harlow Shapley da Heber Curtis suka yi muhawara a Washington kan ko murɗaɗɗun nebula na cikin galaksinmu ne ko na waje, aka tashi ba a daddale ba. A watan Oktoban 1923 Edwin Hubble ya sami irin tauraron Leavitt a cikin M31 da madubin Dutsen Wilson mai faɗin mita 2.5. Lissafinsa ya ba da shekarar haske kusan 900,000, wanda ya isa ya fitar da ita daga galaksinmu. Adadin ya yi ƙasa da gaskiya, domin irin taurarin nan kashi biyu ne kuma an gauraya su, sai a 1952 Walter Baade ya bayyana gyaran.

9. Akwai kuskure a kundin Messier?

Akwai. M40 taurari biyu ne kawai, M73 taurari huɗu ne da suka yi kama da gungu a ido. M24 wani yanki ne mai cinkoso na Majarra. M47, M48 da M91 an rubuta matsayinsu ba daidai ba, sai daga baya aka gano abin da yake nufi. M102 har yau ana saɓani a kanta: Méchain ya rubuta a wasiƙa cewa maimaicin M101 ce, amma manhajoji da yawa suna ba NGC 5866 wannan lamba. Sannan ya bar abubuwa masu haske da yake iya gani daga Paris, irin tagwayen gungu NGC 869 da 884.

10. Daga Bauchi ko Gombe, me za a iya gani?

Dukkan 110, da kuma manyan abubuwan kudu da Messier bai taɓa gani ba. Wannan ita ce gaskiyar da ya kamata duk mai koyo a nan ya riƙe. Biranen biyu suna kan digiri kusan 10.3 arewa da tsakiyar duniya, Paris kuwa tana kan kusan 49. Duk abin da ya wuce digiri 41 kudu ba ya fitowa a Paris sam. A nan iyakar ta kai kusan 80. Lissafin ba wuya: duba lambar Dec ta abin a manhaja, wato digirinsa arewa ko kudu da tsakiyar sama, nemo tazarar da ke tsakaninta da 10.3, ka cire daga 90, amsar ita ce iyakar tsawon da zai hau. M7 tana kan 34.8 kudu, don haka a Paris ba ta wuce digiri 6, a nan kuwa tana hawa digiri 45.

Omega Centauri, wato NGC 5139, shi ne dunƙulallen gungu mafi girma a galaksinmu, taurarinsa kimanin miliyan 10, nisansa kusan shekarar haske 17,000. Masanan da sun ɗauke shi tauraro ɗaya, shi ya sa yake da sunan tauraro, sai Halley ya gane hazo ne a 1677 daga tsibirin Saint Helena. A nan yana hawa digiri 32, kuma a ganinmu ya fi M13 da littattafan Turai ke yabo kyau ƙwarai. Nebular Carina, NGC 3372, da ƙaramin gungun NGC 4755 da ke gefen Gicciyen Kudu suna hawa kusan digiri 20, kuma Lacaille ne ya rubuta su duka biyu a zamansa na 1751 zuwa 1752. Galaksin NGC 5128, wanda James Dunlop ya gano a Ostareliya a 1826, yana digiri huɗu da rabi arewa da Omega. Gajimaren Magellan galaksi ne biyu maƙwabtan namu, babban yana leƙowa digiri 10 kacal, ƙaramin kuwa 7, kuma a wannan ƙasa-ƙasa ƙura takan cinye su. Ba da su ake farawa ba.

Saboda haka kada ka ɗauki jadawalin da aka rubuta don Ingila ko Amurka ka bi shi ido rufe. Ka haɗa kundin Messier da na Caldwell.

11. Wane wata ne, kuma wane dare, ya fi dacewa?

Kalandar Hijira ita ce mafi amfani a nan, domin farin wata yana kashe duk wani hazo. Daga wajen 20 ga wata zuwa 4 ko 5 na sabon wata, bayan sallar isha sama tana da duhu. Mai kallon asuba kuma nasa daga 28 ne zuwa wajen 10 ga wata. Tsakanin 11 da 17 a haƙura.

Ta fuskar yanayi, mafi kyawun lokaci shi ne kaka, daga ƙarshen Oktoba zuwa Nuwamba, ruwa ya ɗauke amma ƙurar hunturu ba ta sauko ba. A sannan M31 tana hawa digiri 59 ta arewa wajen ƙarfe 9 zuwa 10 na dare, Suraiya na gabas, M42 na biye da ita. A guji wurin da ake ƙona daji. Daga Disamba zuwa Fabrairu ba gajimare amma akwai ƙura, don haka a tsaya kan abin da ke saman kai: M42 tana hawa digiri 74, M45 tana hawa 76. Idan da rana ba ka hango duwatsun da ka saba hangowa ba, daren bai dace da galaksi ba. A bazara, Carina tana tsaye a kudu wajen ƙarfe 9 a tsakiyar Afrilu, Omega wajen tsakar dare. M6, M7, M8 da M22 nasu maraicen ya faɗa cikin damina, amma daren da aka yi ruwa gari ya washe ya fi kowane dare tsabta. Wanda ba ya son jiran sa'a, a Afrilu suna tsaye a kudu kafin kiran assalatu.

12. Da me zan fara, kuma yaya zan gano su?

Ma'auninka hannunka ne: dunƙulen hannu a miƙe yana rufe kusan digiri 10. Fara da tarin taurarin da manhaja ke kira Orion. Nemi taurari uku da suka jeru a layi, kudu da su akwai wasu uku ƙanana, na tsakiyarsu mai hazo shi ne M42. Ja layin manyan ukun zuwa arewa maso yamma, za ka wuce jan tauraron Dabaran ka isa Suraiya. M44 tana tsakanin Zira'a da Jabha, wato tsakanin Pollux da Regulus a manhaja, kusan a tsakiya.

M31 kuwa, fuskanci arewa ka nemi Cassiopeia mai siffar W. Kusurwarta da tauraron Schedar yake a kai tana nuna M31, tazarar dunƙule ɗaya da rabi. Omega Centauri ya fi kowa sauƙi: jira Simak, wato Spica, ta kai ƙololuwarta, ka sauko kudu sak dunƙule uku da rabi. A madubi mai milimita 150 za ka gan shi kamar an watsa gishiri kan baƙin zane. M7 tana rabin dunƙule gabas da Shaula, ɗan arewa kaɗan. Carina tana hannun dama da Gicciyen Kudu idan ka fuskanci kudu, dunƙule ɗaya da ɗan ƙari.

Wuri yana da muhimmanci fiye da kayan aiki. Kilomita 20 zuwa 30 daga cikin gari, ta wajen Dass, Alkaleri, Darazo, Dukku ko Tula, Majarra takan fito sarai. Zaɓi fili da garin yake bayanka, kudu kuma a buɗe. Kada a fita mutum ɗaya, a sanar da mai unguwa da 'yan sintiri tun da rana, domin mutum a duhu da dogon bututu yana jawo zargi. A sa takalmi sau-ciki a haska ƙasa kafin a shimfiɗa tabarma, musamman a yankin Kaltungo da Ɓilliri inda kububuwa ke da yawa.

13. Wane kayan aiki zan saya?

Tabarau mai ido biyu, 10x50. Lambar farko yawan girmamawa ce, ta biyu faɗin gilashin gaba a milimita. Raba ta biyu da ta farko ka sami faɗin hasken da ke fitowa: 10x50 yana ba da milimita 5, 7x50 yana ba da 7. Ƙwayar idon matashi tana buɗewa har 7 a duhu, ta dattijo ba ta cika wuce 5 ba, don haka 10x50 ya dace da kowa. Ka guji masu zuƙowa da masu jan gilashi. Idan na gwanjo ne, duba wani abu mai nisa, in ka ga hoto biyu ko kanka ya fara sarawa, gilasan ciki sun goce, ka bar shi. Jingina gwiwar hannu kan katanga yana rage rawa.

In za ka sayi madubin hangen nesa, faɗi ake dubawa. Mai milimita 114 zuwa 150 a kan gindi mai ƙarfi irin na Dobson ya wadatar shekaru. Girmamawa ana samunta ne da raba tsawon madubi da na gilashin ido: 1200 a raba da 25 ya ba da 48, kuma wannan ya fi dacewa da yawancin kundin Messier. Iyakar girmamawa mai amfani ninki biyu ne na faɗin a milimita, don haka kwalin da aka rubuta 675x a kan madubi mai milimita 60 yaudara ce. Ƙurar hunturu tana karce gilashi: a hure ta da ɗan famfon roba, kada a goge a bushe da bakin riga. Da damina a adana a wuri busasshe saboda fumfuna. Kada a taɓa juya tabarau ko madubi wajen rana, makanta take kawowa nan take.

14. Me ya sa ake yawan maganar M1 da M87?

A watan Yulin 1054 masana taurari na ƙasar Sin suka rubuta wani baƙon tauraro da aka yi kwana 23 ana gani da rana tsaka. Likitan nan ɗan Bagadaza, Ibn Butlan, shi ma ya ambaci wani tauraro da ya bayyana a wannan zamani. M1 ragowar wannan fashewa ce, a nisan shekarar haske kusan 6,500, kuma har yanzu tana faɗaɗa. A 1968 aka gano cibiyar tauraron da ta rage a tsakiyarta tana juyawa kusan sau 30 a daƙiƙa. Tana digiri ɗaya arewa maso yamma da tauraron Zeta Tauri na burujin Sa, kuma tana bukatar duhu sosai.

M87 galaksi ne mai nisan shekarar haske kusan miliyan 55 da Messier ya rubuta a 1781. Baƙin ramin da ke tsakiyarsa, wato abu mai tsananin nauyi da ko haske ba ya iya kuɓuce masa, mai nauyin rana biliyan 6.5, shi ne wanda aka fara nuna hotonsa a 10 ga Afrilun 2019. A ƙaramin madubi ɗan tabo ne zagayayye.

15. Manhaja ta ce abin yana nan amma ban gan shi ba, ko na gan shi ba launi. Me ya faru?

Launi tukuna. Hotunan intanet kyamara ce ta tara haske na mintoci ko sa'o'i. Ido ba ya tarawa, kuma ƙwayoyin da ke aiki a duhu ba sa rarrabe launi, don haka toka-toka za ka gani, sai M42 da wasu kan ga ta ɗan yi kore.

Rashin gani kuwa yawanci abu huɗu ne ke jawo shi. Ido yana bukatar minti 20 zuwa 30 a duhu, kuma kallon waya sau ɗaya yana mai da kai baya, don haka a kunna jan haske na manhajar, a ɗaure jar leda a bakin tocila. Tsakiyar ido ba ta da ƙarfi a duhu, sai ka kalli ɗan gefen abin. Kamfas na waya yakan kauce da digiri da yawa kusa da mota ko rufin kwano, shi ya sa bin taurari irin na tambaya ta 12 ya fi aminci. Na huɗu shi ne lambar haske da ke yaudara. A ma'aunin, ƙaramar lamba ita ce mai haske, kuma tazarar 5 tana nufin ninki 100. M33 tana da 5.7, M13 tana da 5.8, amma M13 a cure take, hasken M33 kuwa ya bazu a fili da ya fi farin wata faɗi, ƙura kaɗan ta isa ta ɓatar da ita. Mai koyo ya bar M33, M74 da M101 sai ya ƙware.

16. Da gaske ana iya ganin duka 110 a dare ɗaya?

Ana iyawa, daga tsakiyar Maris zuwa farkon Afrilu, lokacin da rana take yankin da babu ko ɗaya daga cikinsu, kuma sai a daren da ba farin wata. Ana farawa da M74 da M77 a yamma da zarar duhu ya shiga, a bi galaksi masu yawa na burujin Virgo wajen tsakar dare, a ƙare da M30 a gabas gab da ketowar alfijir. Matsayinmu a doron ƙasa ya dace, domin magariba da asuba ba sa daɗewa a nan, na kudu kuma suna hawa sama sosai. Abin da ke hanawa shi ne ƙurar Maris, wadda ta fi kauri a ƙasa-ƙasa, daidai inda na farko da na ƙarshe suke.

Shawararmu ita ce a raba su kan shekara guda, goma a kowane duhun wata, da littafin rubutu: kwanan wata na boko da na Hijira, lokaci, wuri, kayan aiki, yanayin ƙura, da ɗan zanen abin da aka gani da taurarin da ke kewaye da shi. Zanen ne zai tabbatar daga baya cewa M36 ka gani ba M38 ba, domin tazararsu digiri biyu ce da 'yan kai kuma a tabarau sun yi kama.